Kashe Steam Cloud ba tare da an rasa inda aka tsaya a gem ba

Nura_Gwale

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Ina neman taimakon waɗanda suka san harkar gem na kwamfuta. Kwamfuta biyu ne a gida, ta tebur da laftof, asusun Steam (manhajar saye da buga gem) ɗaya ne a kansu, mutum biyu kuma ke bugawa. Wanda ya rufe gem a ƙarshe, ajiyarsa ce ke hawa intanet, in ɗayan ya zo buɗewa sai ta sauko ta danne tasa. A Elden Ring abin ya fi muni, amma har a Skyrim Special Edition akan danna Continue a tarar da wasan wani.

Ta ina ake kashe wannan daidaitawar? Gem ɗaya ake iya kashe wa ko sai duka? In an kashe, ajiyar da ke cikin kwamfuta tana nan ko ita ma za ta tafi? Wadda ta riga ta hau intanet fa, gogewa take yi? Sannan in akwai sauƙin data a ciki, a faɗa mini. Na gode.

Malam_Sadi

Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Kafin ka taɓa kowane makunni, ka kwafi ajiyar kowace kwamfuta ka sa a gefe. Steam ba ya riƙe tsofaffin kwafi, abin da aka ɗora masa na ƙarshe shi kaɗai yake da shi, don haka wanda aka danne ya tafi.

Ka rufe gem ɗin, ka rufe Steam ɗungurungum ta Steam sannan Exit, domin danna alamar X ɓoye shi kawai take yi. Sai ka danna maɓallin Windows tare da R, ka rubuta %APPDATA%\EldenRing ka danna Enter. Za ka ga folda mai suna da lambobi 17 da suka fara da 7656119, lambar asusunka ce. A ciki akwai ER0000.sl2, mai nauyin kusan MB 28, da ER0000.sl2.bak. Ka kwafi foldar gaba ɗaya zuwa filash, ka raɗa mata suna da kwanan wata da sunan kwamfutar. Ta Skyrim tana Documents\My Games\Skyrim Special Edition\Saves, fayilolin da ke ƙarewa da .ess. In ana amfani da SKSE, wato ƙarin manhajar da wasu mod (gyare-gyaren da masu wasa ke ƙara wa gem) ke buƙata, za ka ga wasu masu ƙarewa da .skse, kowane yana tafiya da abokinsa, kada ka raba su. Haka za ka yi a kwamfuta ta biyu, a folda daban.

To, kashewar. Wuri biyu ne.

Ga gem ɗaya: shiga Library, danna sunan gem ɗin da maɓallin dama na maus, zaɓi Properties. A shafin General akwai sashen Steam Cloud, da makunni mai cewa Keep game saves in the Steam Cloud. Kashe shi. A ƙasansa za ka ga adadin abin da aka ajiye da gurbin da ya rage. Kamfanin da ya yi gem ɗin ne ke yanka wannan gurbi, yawan nauyi da yawan fayiloli, shi ya sa yake bambanta daga gem zuwa gem. In ba ka ga sashen ba sam, gem ɗin ba ya amfani da Steam Cloud ke nan.

Ga duka: Steam, Settings, Cloud, sai ka kashe Enable Steam Cloud. Ban ba ka shawarar wannan ba. Gem biyu ne ke damunka, babu dalilin cire wa sauran kariya, domin ranar da faifan kwamfuta ya mutu wannan kwafin ne zai tsamo ka.

Ajiyar cikin kwamfuta tana nan, kashewa ba ta taɓa ta. Wadda ke intanet ma tana nan, a daskare yadda take a daidaitawar ƙarshe. Kana iya ganinta da idonka: buɗe burauza, shiga asusunka, je store.steampowered.com/account/remotestorage. Za a jero maka kowane gem, da fayilolinsa, da nauyinsu, da lokacin da aka ɗora su, kuma kana iya sauke kowane. Maɓallin gogewa ne babu.

Bayan ka kashe a kwamfuta ɗaya, ka je ta biyun ka duba Properties kafin a buɗe gem. Wannan saitin asusu yake bi, ana riƙe shi a cikin sharedconfig.vdf wanda shi ma ta intanet yake yawo tsakanin kwamfutoci. In laftof ɗin bai hau intanet ba tun da ka sauya, bai san ka sauya ba. Wannan kuma yana nufin ba a kashe wa wata kwamfuta a bar wa wata a kunne da asusu ɗaya.

Hauwa_Tudun_Wada

Bayanin Malam Sadi daidai ne, amma matsalar gem biyun nan ba iri ɗaya ba ce, kuma ɗaya ce kawai take buƙatar kashewa.

Elden Ring yana zuba duk gurabensa 10 na 'yan wasa a cikin fayil guda, wato ER0000.sl2 ɗin nan. Steam bai san abin da ke cikinsa ba, fayil kawai yake gani. In an buga a tebur aka ci gaba da gurbi na ɗaya, aka kuma buga a laftof ba intanet aka ci gaba da gurbi na biyu, to an sami fayil biyu masu suna ɗaya da ciki daban, kuma Steam ba ya haɗa su. Dole ɗaya ya mutu. A nan kashewa ce magani.

Skyrim Special Edition kuwa kowace ajiya fayil ce mai zaman kanta, kuma a cikin sunanta akwai lambar ɗan wasan, har wadda gem ke yi da kansa. Ba a danne komai ba. Continue yana ɗauko wadda ta fi sabunta ne ko ta wace ce. Ka shiga Load, ka sauya zuwa ɗan wasanka, za ka tarar da kayanka. Dalilin da zai sa a kashe wa Skyrim daidaitawa daban ne: in mod ɗin da ke tebur ba su ne ke laftof ba. Ajiyar da aka yi da mod, in aka buɗe ta inda babu su, gem zai yi gargaɗin cewa akwai abin da ya ɓata, in kuma aka ci gaba aka yi sabuwar ajiya a kai, kayan da mod ɗin suka kawo sun salwanta.

Haɗarin da ya fi girma yana ranar da za a sake kunnawa. Steam yana riƙe da wani ɗan fayil mai suna remotecache.vdf ga kowane gem. Yana cikin foldar Steam, a userdata, sai gajeriyar lambar asusunka (ba mai lambobi 17 ɗin nan ba), sai lambar gem. Ta Elden Ring 1245620, ta Skyrim Special Edition 489830, kuma lambar kowane gem tana cikin adireshin shafinsa na kantin Steam. A cikin fayil ɗin ake rubuta nauyin kowace ajiya, da lokacinta, da wata lambar tantancewa da ake lissafowa daga abin da ke cikinta. Da ita Steam ke gane wane ɓangare ne ya sauya tun haɗuwar ƙarshe. In na kwamfuta kaɗai ya sauya, zai ɗora shi bai tambaye ka ba. In na intanet kaɗai ya sauya, zai sauko da shi ya danne naka, nan ma ba tambaya. Sai in duka biyun sun sauya ne zai fito da akwatin Cloud Conflict ya ce ka zaɓa.

Duba yadda za ta kasance a gidanku. Wata uku ana bugawa a kashe, kowa da nasa. Aka kunna. Kwamfutar da ta fara hawa intanet za ta ɗora nata ta danne tsohon. Ta biyun za ta sami akwatin zaɓi, in aka danna na intanet cikin gaggawa, aikin wata uku ya tafi. Saboda haka duk ranar da za a kunna, a fara da kwafi a filash, a yanke shawarar wace ajiya ce za ta zama uwa, a kunna daga kwamfutar da take.

In akwatin ya fito, kada ka dogara da kwanan watan da ya nuna kaɗai. Lokacin ajiyar cikin kwamfuta daga agogonta ake ɗauko shi. Tsohuwar kwamfutar tebur da batirin agogonta ya mutu, ɗan ƙaramin nan mai kama da kwabo, CR2032, duk sanda aka ɗauke wuta agogon yakan koma baya da shekaru, sai sabuwar ajiya ta fito a matsayin tsohuwa. In kana shakka ka danna Cancel, babu abin da zai lalace. Ka sauke na intanet ta shafin da Malam ya bayar, ka ajiye duka biyun, sannan ka dawo ka zaɓa.

Nura_Gwale

Allah ya saka da alheri, Malam Sadi da Yaya Hauwa. An duba Load na Skyrim, duk suna nan. An kashe wa Elden Ring. Amma a laftof ɗin foldar My Games ba ta inda aka ce, tana cikin OneDrive, kuma akwai alamar gajimare a jikin wasu fayilolin. Shi ma Steam ne? Sannan akwai GTA V da wasu gem na Epic da Ubisoft a kwamfutar, su ma makunnin Steam ɗin ya shafe su?

Injiniya_Lawal

Ba Steam ba ne, Malam Nura, Windows ne. Wannan daidaitawa ce ta biyu da ke gudana a ƙarƙashin ta farko, kuma makunnin Steam bai san da zamanta ba.

In aka shiga Windows 10 ko 11 da asusun Microsoft aka amince da ajiyar OneDrive, wato ma'ajiyar Microsoft ta intanet, foldar Documents takan koma C:\Users\sunanka\OneDrive\Documents. Duk gem ɗin da ke ajiya a Documents ya faɗa ciki ke nan: Skyrim, The Witcher 3 da ke amfani da Documents\The Witcher 3\gamesaves, GTA V da ke amfani da Documents\Rockstar Games\GTA V\Profiles. Elden Ring ya tsira domin nasa na AppData, OneDrive ba ya zuwa can.

Illa uku yake kawowa. Alamar gajimare na nufin fayil ɗin ba ya cikin kwamfutar, sunansa kawai aka bari, in babu intanet gem ba zai iya buɗe shi ba. Na biyu, OneDrive kan riƙe fayil yana ɗorawa a daidai lokacin da gem ke son rubutu a kansa, sai ajiya ta ƙi yiwuwa. Na uku, gurbin kyauta GB 5 ne, ajiyoyin Skyrim kuma ba sa goge kansu, in ya cika daidaitawa ta tsaya a rabi.

Ga tsarin fitar da ita, kuma jerin yana da muhimmanci. Da farko, da intanet a kunne, danna foldar My Games da maɓallin dama ka zaɓi Always keep on this device, ka jira duk gajimaren ya koma alamar kore. Sannan ka kwafe ta zuwa filash. Sai ka danna alamar OneDrive kusa da agogo, Settings, Sync and backup, Manage backup, ka kashe Documents. A nan mutane ke firgita: Documents yakan dawo fanko, domin fayilolin suna can cikin foldar OneDrive. Ba su ɓata ba. In an ba ka zaɓin dawo da su cikin kwamfuta ka karɓa, in ba a ba ka ba ka kwaso My Games da hannu zuwa C:\Users\sunanka\Documents. Kada ka buɗe gem kafin ka gama wannan, domin zai tarar da wuri fanko ya ɗauka sabon ɗan wasa ne.

Sauran manhajojin kowa da nasa makunni.

GTA V na Steam ta Rockstar Games Launcher yake bi. Buɗe shi, Settings, ƙarƙashin My installed games zaɓi gem ɗin, kashe Enable cloud saves. Wannan na wasan labari ne kawai. GTA Online a kwamfutocin kamfanin ci gabanka yake zaune, babu fayil a wurinka balle ka hana shi tafiya. Haka Fortnite da Dota 2 da yawancin gem ɗin da ba sa buɗuwa sai da intanet.

Epic Games Launcher: a Settings akwai Enable Cloud Saves na duka. Na gem ɗaya kuwa, Library, ɗigo uku a jikin gem ɗin, Manage, sai makunnin Cloud Saves.

Ubisoft Connect: Settings, General, cire alamar da ke kan Enable cloud save synchronization for supported games. Na duka ne. Ajiyoyin suna foldar savegames a cikin Ubisoft Game Launcher, kowane gem da lambarsa maimakon suna.

GOG Galaxy yana da na duka a Game features cikin Settings, na gem ɗaya kuma ta Manage installation sannan Configure. Gurbinsa MB 200 ne ga kowane gem.

Manhajar Xbox ta kwamfuta, wato gem na Game Pass, ba ta da makunnin kashewa. Fayilolin suna %LOCALAPPDATA%\Packages, cikin foldar gem ɗin, SystemAppData, wgs, da sunaye na lambobi da haruffa marasa ma'ana ga ido. Kwafin foldar wgs gaba ɗaya shi ne iyakar abin da za ka iya.

Akwai kuma gem ɗin da ke da tasu daidaitawar a ciki, ban da ta Steam. Baldur's Gate 3 yana da Cross-Save ta asusun Larian. The Witcher 3 tun sabuntawar Disamba 2022, da Cyberpunk 2077 tun ta Satumba 2022, suna da tasu ta asusun kamfanin da ya yi su. In ka kashe ta Steam amma ajiyar wata kwamfuta na ci gaba da bayyana, ka duba saitin cikin gem ɗin.

Malam_Sadi

Batun data ya rage. Sauƙin kaɗan ne, ɗan'uwa. Ajiya megabayit ce, sabuntawar gem kuma gigabayit. In data ce damuwar, ka shiga Properties, Updates, ka zaɓi kada a sabunta gem sai ka buɗe shi, ka kuma iyakance lokacin saukewa a Downloads cikin Settings. Can ne kuɗin ke zuba.

Ga wanda ke son goge abin da ke intanet ɗin gaba ɗaya: goge fayil daga folda alhali gem na rufe ba ya aiki, Steam zai ga ya ɓata ya sake sauko da shi. Hanya mai tsabta ita ce a kunna daidaitawa, a buɗe gem, a goge ajiyar daga cikin jerin Load na gem ɗin kansa, a fita, a jira Cloud Status da ke kusa da maɓallin Play ya nuna Up to date, sannan a kashe makunnin. In gem ɗin ba shi da gogewa a ciki, a bar shi a buɗe a shafin farko, a danna Alt da Tab, a goge fayilolin daga folda, a dawo a rufe shi. Yawancin gem lokacin rufewa ne Steam ke duba foldar ya rubuta abin da ya sauya. A tabbatar a shafin remotestorage. In abin ya ƙi, cloud_log.txt da ke foldar logs ta Steam yana nuna kowane fayil da aka ɗora, aka sauke, ko aka tsallake.

Hauwa_Tudun_Wada

Tunda an kashe wa Elden Ring, yanzu kwafi ɗaya tak ke akwai a kowace kwamfuta, kuma gem ne da ke rubuta ajiya kusan kowane motsi. In wuta ta ɗauke wa ta tebur ana tsakiyar rubutu, fayil ɗin na iya lalacewa. Laftof batirinsa ya rufa masa asiri, ta tebur kuwa sai da UPS, ko ƙarami ne, wanda zai ba da mintunan fita daga gem. In ta riga ta faru, a matsar da ER0000.sl2 gefe, a kwafi ER0000.sl2.bak a cire masa .bak daga suna. Sai an kunna File name extensions a View na File Explorer za a ga ƙarshen sunan. A yi haka kafin a yi ta buɗe gem ɗin, domin shi ma .bak ana sabunta shi.

Don kwafi na yau da kullum, buɗe Notepad ka rubuta layin nan, ka ajiye da suna ajiya.bat:

robocopy "%APPDATA%\EldenRing" "E:\Ajiya\EldenRing" /E

E ɗin da ke farkon E:\Ajiya harafin filash ɗinka ne, ka sauya shi in naka daban ne. Dannawa biyu bayan an rufe gem ya wadatar. Kada ka sa /MIR a madadin /E, shi yana goge duk abin da babu a asalin, in folda ta zama fanko kwafin ma zai zama fanko. Layin yana danne kwafin jiya da na yau, saboda haka kada a danna shi bayan ajiya ta lalace, kuma duk mako a sauya wa tsohuwar foldar suna a bar ta. Mai gem da yawa ya nemi Ludusavi, manhaja ce ta kyauta da ke gano inda kowane gem ke ajiya, tana kuma iya riƙe kwafi da yawa na kwanaki daban-daban.

Maganin dindindin ga mutum biyu a gida ɗaya shi ne asusu biyu a ƙarƙashin Steam Families, tsarin raba gem tsakanin 'yan gida ɗaya, wanda aka buɗe wa kowa a 2024. Yana ɗaukar mutum 6, kowa da ajiyarsa da gurbinsa na intanet, sai dai kwafin gem ɗaya mutum ɗaya ke buga shi a lokaci guda. Kafin a yanke shawara, Nura, a san cewa ajiyar Elden Ring ɗaure take da lambar asusun da aka yi ta, tana rubuce a cikin fayil ɗin kansa, sauya sunan folda ba ya isa. Wanda ya koma sabon asusu, in ba da wata manhaja ta musamman ba, daga farko zai fara. In dukanku kun yi nisa, ku bar makunnin a kashe har ɗaya ya gama wasansa, sannan a raba asusun.